Haruffan Runa: Yadda Rubutun Fatake Ya Koma Sihirin Littattafai

Duk mai karanta ƙagaggun labaran Turawa na mayaƙa da dodanni, ko mai buga wasannin kwamfuta irin nasu, ya san wannan sana'a ko da bai san sunanta ba. Gwani zai zaro wuƙa ko alli, ya zana wata alama mai miƙaƙƙun layuka a jikin takobi ko ƙofa ko fatar hannunsa, alamar ta yi haske, nan take duniya ta bi umarninsa. Ƙarfe ya ƙi karyewa, ƙofa ta ƙi buɗuwa, rauni ya rufe. Sunan alamomin runa, kuma akan nuna wa mai karatu cewa wani daɗaɗɗen ilmi ne na mutanen arewacin Turai. Haruffan kam tsofaffi ne, sun doshi shekara 2,000. Sana'ar kuwa, da dokokinta da gwanayenta, masu ba da labari ne suka gina ta, kuma yawancinsu an san sunayensu da shekarun da suka yi aikin.

Asalin abin ba shi da wani ban tsoro. Kakannin mutanen Danmak da Suwidin da Norwe sun yi cuɗanya da daular Rum ta hanyar fatauci da aikin soja, suka ga yadda ake ɗaure magana da alama, suka ari dabarar daga haruffan da ake amfani da su a Italiya, suka gyara ta daidai da harshensu. Suka fitar da haruffa 24. Layukan sun miƙe ne domin da wuƙa ake ƙwarzana su a itace da ƙashi, inda lanƙwasa ke da wuya. Ɗaya daga cikin rubuce-rubuce mafiya tsufa yana jikin wani mataji na ƙaho da aka tono a fadamar Vimose ta Danmak, na wajen shekarar 160, kuma kalma ɗaya ce tak a kansa. Wani ƙaho na zinariya na wajen shekarar 400, wanda aka tsinta a Gallehus a 1734, yana ɗauke da layi guda inda maƙerin ya faɗi sunansa, ya ce shi ya ƙera. A 1802 wani maƙerin zinariya ya sace ƙahon tare da wani ƙahon irinsa ya narkar da su, sai zanensu ya rage.

Ba a ce babu tsafi a ciki sam ba. Marubucin Rum Tacitus ya faɗa a shekarar 98 cewa waɗannan ƙabilu sukan yanka reshen itace gunduwa-gunduwa, su sa wa kowane alama, su watsa a kan farin ƙyalle, a ɗauki uku a yi duba da su, ko da yake bai ce alamomin haruffa ba ne. Dutsen Björketorp da ke kudancin Suwidin, wanda ya haura shekara 1,300 a tsaye, yana la'antar duk wanda ya rushe shi. Amma mutanen da ke tsoron maita da sammu za su rubuta tsoronsu da duk haruffan da suka samu. Kiristocin Turai sun daɗe suna rubuta layu da haruffan Latin, ba wanda ya taɓa cewa Latin ɗin ne sihiri.

A zamanin 'yan Viking, daga wajen shekarar 800, an rage haruffan zuwa 16, rubutu kuma ya yawaita. Suwidin kaɗai tana da duwatsu fiye da 2,000 masu wannan rubutu, mafi yawansu na ƙarni na 11, kuma kusan duk magana ɗaya suke yi: wane ya kafa wannan dutse don tunawa da mahaifinsa wane. Da yawa suna ɗauke da gicciye da addu'ar Kirista. Akwai kimanin 26 da aka kafa wa mutanen da suka bi wani shugaba mai suna Ingvar zuwa gabas wajen 1041 ba su dawo ba, wasu duwatsun suna cewa sun mutu a Serkland, sunan da suke kiran ƙasashen Musulmi. Kafin nan, wajen 965, Sarki Harald na Danmak ya kafa babban dutse a Jelling yana shelar cewa ya mallaki Danmak da Norwe, ya kuma shigar da mutanensa Kiristanci. Laƙabin wannan sarki aka ba fasahar Bluetooth, alamarta da ke cikin wayar kowa kuwa haruffan runa biyu ne aka haɗa, H da B na farkon sunansa da laƙabinsa. Wani mai suna Halfdan ya ƙwarzana sunansa a marmarar Aya Sofiya ta Santambul. Shi ma Ahmad ibn Fadlan, wanda Halifa Muƙtadir ya tura daga Bagadaza ya isa bakin kogin Volga a 922, ya ga mutanen Rus sun ƙona gawar wani babbansu, sun tara tudu, sun kafa itace a kai sun rubuta sunan mamacin da na sarkinsu.

Abin da ya fi fayyace gaskiyar lamarin gobara ce. A 1955 wuta ta cinye wani ɓangare na tsohuwar tashar jiragen ruwa ta Bergen a Norwe, cibiyar cinikin busasshen kifin nan da har yau Norwe ke sayar wa Najeriya. Da masu tonon kayan tarihi suka shiga ƙarƙashin tokar, sai suka fito da ƙananan sanduna da ƙasusuwa kimanin 670 masu rubutun runa, galibi na ƙarni na 12 zuwa na 14. Akwai alamun da ake ɗaura wa kaya don a san mai su. Akwai lissafin bashi, da wasiƙar ɗan kasuwa yana kuka da rashin kaya, da saƙonnin soyayya, da batsa, da addu'o'in coci, da 'yan surkulle jefi-jefi. Wata sanda ma saƙo ne daga wata mata mai suna Gyda tana cewa wani ya koma gida, ana kuma kyautata zaton mijinta ne da ya zauna a mashaya. Waɗannan su ne haruffan da ake ce mana suna juya duniya.

To daga ina sihirin ya fito? Daga Aislan, kuma daga alƙalamin Kiristoci. Tsibirin ya karɓi Kiristanci wajen shekarar 1000. Bayan shekara 200 da ɗoriya, malamansa suka zauna suna rubuta waƙoƙi da labaran kakanninsu maguzawa a fatar maraƙi, da haruffan Latin. Kundin da ya adana manyan waƙoƙin, wanda ake kira Edda, an rubuta shi wajen 1270. A cikinsa ne aka ce Odin, babban abin bautarsu, ya rataye kansa a bishiya dare tara, da sukar mashi a jikinsa, ba ci ba sha, har ya hango runa a ƙasa ya ɗauko su, daga nan ya lissafa asirai 18 da ya sani. A wata waƙar, wata mace daga cikin mayaƙan Odin tana koya wa jarumi Sigurd aikin dalla-dalla. Mai son nasara ya ƙwarzana a ƙotar takobi ya ambaci gunkin yaƙi sau biyu. Mai tsoron a zuba masa wani abu a abin sha ya zana a ƙahon sha da bayan hannu. Na naƙuda a tafin hannu, na haɗarin teku a goshin jirgi da filafili, na warkar da rauni a ɓawon itace. Waƙar ta ƙara da cewa an kankare haruffan an gauraya su da giyar zuma an aika ko'ina. Wanda ya tashi yana ganin ana wanke allo a ba mara lafiya ya sha zai tsaya a nan ya sake karantawa. Babu wata hanya da ta haɗa al'adun biyu, tunanin ɗan Adam ne ya bi turba iri ɗaya a wurare biyu masu nisa.

Labarin da ya fi kowane tasiri shi ne na Egil, wani mawaƙi mai baƙin hali na ƙarni na 10, wanda aka rubuta tarihinsa a ƙarni na 13. A wata liyafa, mai masaukinsa Bard ya haɗa baki da Sarauniya Gunnhild suka zuba guba a ƙahon giya aka miƙa masa. Egil ya soki tafin hannunsa da wuƙa, ya ƙwarzana runa a jikin ƙahon, ya shafa musu jini, ya yi waƙa, ƙahon ya tsage giyar ta zube. A daren ya kashe Bard. Shekaru bayan haka ya sauka gidan wani manomi a kan hanyarsa ta zuwa Värmland, ya tarar da 'yarsa Helga kwance, ta rame, ba ta barci. Aka ce ai wani saurayi ɗan maƙwabta ya yi mata runa na magani, amma ciwon sai ƙaruwa yake. Egil ya sa aka ɗaga ta, ya laluba shimfiɗar, ya zaro ƙashin wani ƙaton kifin teku da rubutu a jiki. Ya karanta, ya kankare haruffan cikin wuta, ya ƙone ƙashin, ya sa aka shanya kayan shimfiɗar, ya rubuta nasa ya tura ƙarƙashin matashi. Yarinya ta farka kamar daga barci. Ashe saurayin aurenta ya nema aka hana shi, ya so ya yi mata asirin soyayya, rashin ƙwarewa ya mai da shi cuta. Egil ya yi waƙa yana gargaɗin cewa wanda bai iya karanta runa ba kada ya taɓa su.

A ganina a nan aka haifi sana'ar, domin duk abin da marubutan baya suka ƙara ado ne. Dole alamar ta fita daidai, kuskuren layi ɗaya ya juya magani ya zama guba. Dole mai aikin ya biya da wani abu na jikinsa, jini ko azaba. Abin da aka rubuta kuma ana iya kankare shi, saboda haka gwani na iya warware aikin wani gwanin. Marubucin labarin Grettir, a ƙarni na 14, ya bi wannan tsari: wata tsohuwa ta ƙwarzana runa a saiwar itace ta shafa jininta ta tura cikin teku, igiyar ruwa ta kai shi tsibirin da Grettir ke ɓoye, ya ɗaga gatari zai faskara, gatarin ya goce ya sare shi a ƙafa, raunin ya zama silar ajalinsa.

Labari kan fito daga littafi ya ci mutane. A 1625 aka ƙona Jón Rögnvaldsson da ransa a arewacin Aislan, babbar hujjar da aka kafa a kansa kuwa takarda ce mai alamomin runa da aka samu a wurinsa. Zuwa 1683 an ƙona mutum kimanin 20 a tsibirin bisa zargin sihiri, kusan dukansu maza, saɓanin yawancin sauran Turai inda mata suka fi shan wuya. A shari'ar Kirkjuból ta 1656, wani limamin coci ya zargi uba da ɗansa da sa masa ciwo. Cikin abin da ɗan ya amsa har da yi wa wata yarinya runa na sa tusa. Abin dariya ne, sai dai duka biyun an ƙona su.

A daidai wannan ƙarni masana suka shigo da nasu. Johannes Bureus, malamin da ya koyar da Sarki Gustav Adolf na Suwidin, ya yi aiki na gaske wajen tattara rubutun duwatsu, amma ya gauraya shi da ilmin sirrin haruffa na Yahudawa, ya ce kowane harafi yana da ɓoyayyiyar ma'ana da Allah ya ajiye wa mutanen arewa. Wannan ƙishirwa ta ganin asiri ta kai ƙarshenta a Runamo, wani falalen dutse a kudancin Suwidin mai dogayen tsage-tsage. A 1833 aka tura kwamitin masana daga Danmak. Ɗayansu, Finnur Magnússon, ya yi wata da watanni yana kallon zanen da aka kwafo, can ya ce ya gano bakin zaren, daga dama ake karantawa zuwa hagu. Ya fitar da cikakkiyar waƙa ta addu'ar nasara ga wani tsohon sarki, ya buga ƙaton littafi a 1841. Masanin sinadarai Berzelius ya riga ya je ya duba a 1836 ya ce dutse ne kawai ya tsattsage da kansa. A 1844 wani matashin masani, Worsaae, ya sake aunawa ya tabbatar da haka. Babban malami ya karanta waƙa a inda ba a taɓa rubuta ko harafi ɗaya ba.

Finnur dai kansa ya ruɗa. Guido List, ɗan jarida kuma marubucin labarai na Biyana a Ostiriya, wanda ya liƙa wa sunansa “von” ta 'yan sarauta, al'umma ya ruɗa. A 1902 aka yi masa aikin yanar ido, ya yi wata 11 ba ya gani. Ya ce a cikin wannan duhu aka buɗe masa asalin runa, guda 18, ɗaya ga kowane asiri na Odin. Ya buga littafinsa a 1908, ya ce waɗannan su ne gadon wasu limamai sarakuna na tsarkakakken jinsin Jamusawa. Babu dutse ko sanda ko ɗaya da ke ɗauke da jerin nasa. Abin takaicin shi ne, a kusan wannan lokaci akwai sauran masu rubuta runa ta gado a Älvdalen, can cikin dazukan Suwidin, manoma ne da makiyaya da ke sa sunayensu a akushi da bangon rumbu. Bai je ya tambaye su ba. Almajiran tafarkinsa suka ƙara da motsa jiki, mutum ya tsaya ya lanƙwashe ya kwaikwayi siffar harafi wai don ya jawo ƙarfin sama. Daga baya wani mai zane, Walter Heck, ya jera harafin S na List sau biyu ya zama tambarin rundunar SS ta 'yan Nazi ƙarƙashin Himmler, har aka ƙara masa maɓalli na musamman a wasu na'urorin tafireta na Jamus. A ƙarƙashin wannan tambari aka gudanar da sansanonin da aka hallaka miliyoyin mutane. Yau dokar Jamus ta hana nuna shi.

Akwai wani reshe da ya fi wannan gaskiya, na waɗanda suka ce wa mai karatu tun farko ƙage suke yi. A 1911 M. R. James na jami'ar Cambridge ya rubuta gajeren labari game da wani matsafi da ke saƙa wa abokin gabarsa 'yar takarda mai runa, wanda ya karɓa zai mutu bayan wata uku sai fa in ya yi dabarar mayar masa da ita hannu da hannu. J. R. R. Tolkien, farfesan tsohon Ingilishi a Oxford, ya san haruffan fiye da duk waɗannan, shi ya sa ya taka a hankali. A littafinsa The Hobbit na 1937 ya yi amfani da runa na tsohuwar Ingila a taswirar wadanni, abin al'ajabin kawai shi ne wasu haruffan ba sa bayyana sai an ɗaga taswirar ga hasken wata irin na daren da aka rubuta su. A wurinsa runa rubutu ne na kabari da taswira. Amma littattafansa sun sayu da miliyoyi, masu kwaikwayonsa kuma ba su da haƙurinsa. Ursula Le Guin, a labaranta na Earthsea da suka fara a 1968, ta sa zaman lafiyar ƙasashe ya rataya a kan harafi guda da ya ɓace lokacin da wani awarwaro ya karye biyu.

Wasanni ne suka mai da abin lissafi. Dungeons & Dragons, wanda ya fito a 1974, yana da rubutun da ke fashewa a fuskar wanda ya karanta shi. A faɗaɗa wasan Diablo II ta 2001 akwai runa 33 da ake cusawa a ramukan makami, in an jera su daidai su ba da ƙarfi na musamman, in an saɓa jeri a yi asara. Mai wasa yana son doka da zai iya haddacewa, masu ƙirƙira suka ba shi.

Waɗanda suka kai tunanin maƙura su ne marubutan da suka tambayi kansu me ya sa alama za ta yi aiki tun farko. Margaret Weis da Tracy Hickman, a jerin littattafai bakwai na Death Gate tsakanin 1990 da 1994, sun ce kowane lokaci yana ɗauke da abubuwa da yawa da za su iya faruwa, aikin runa shi ne zaɓo ɗaya a tilasta masa ya tabbata. Ƙabila ɗaya tana zana su a iska da waƙa da rawa, abokiyar gabarta tana tsaga su a fata, kuma da wannan ilmi aka farfasa duniya gida huɗu. Brandon Sanderson ya fi burge ni. A Elantris na 2005, alamomin da ake zanawa a iska sun daina aiki shekara 10, birnin masu su ya zama kufai, ba wanda ya san dalili. Daga baya jarumin ya gane cewa tushen kowace alama taswirar ƙasar ce, gaɓar teku da duwatsu da tafki, girgizar ƙasa kuma ta buɗe wani sabon kwazazzabo da babu shi a zanen. Da ya ƙara layi ɗaya sai komai ya dawo. Wannan matsalar Helga ce aka faɗaɗa ta game ƙasa guda. A The Emperor's Soul na 2012, wanda ya ci kyautar Hugo a 2013, wata gwanar jabu mai suna Shai tana sassaƙa hatimi ta buga a jikin abu ta sake masa tarihi, tsohon tebur da aka yi watsi da shi ya zama wanda aka daɗe ana kula da shi. Sharaɗin shi ne sai ta san ainihin tarihin abin, sabon kuma ya zama mai yiwuwa, in ba haka ba hatimin ba zai kama ba. Marubucin ƙage ke nan yana bayyana sirrin sana'arsa a fili.

Reshen List bai mutu ba, kasuwa ya koma. A 1982 wani Ba'amurke, Ralph Blum, ya fitar da littafin duba da runa haɗe da 'yar jaka mai ƙananan tubala 25. Ya sauya jerin haruffan, ya jingina fassararsu da littafin duba na Sinawa, ya ƙara guda ɗaya da babu komai a kansa. Littafin ya sayu ƙwarai, kuma daga gare shi yawancin abin da ake yaɗawa a intanet da sunan hikimar 'yan Viking ya samo asali. Haka alamar nan mai rassa takwas da matasan Turai da Amurka ke zanawa a jiki suna cewa da ita 'yan Viking ke gane hanya a teku: an same ta ne a wani kundi da Geir Vigfússon ya haɗa a Aislan a 1860, kusan shekara 800 bayan zamaninsu ya wuce. Duk wanda aka tallata wa irin wannan jaka da sunan gadon shekara 2,000, ya nemi a nuna masa tubalin da babu rubutu, ya tambayi mai tallar a wane dutse aka samo shi.